Ka Ce Ai Sukari Ne Kawai?

Tsaya, Malam, kada ka wuce. Na ga ka hango kalmar homiyofati ka taɓe baki, wai wannan kuma wace sabuwar fitina ce aka kwaso mana daga Turai. Ka ce kai Baƙonne ne, daga Tsarnawa har Galmi ba ka taɓa gamuwa da mai wannan suna ba, don haka zancen bai shafe ka ba? Sunan ne baƙo. Mai farar rigar da ba wanda ya san makarantar da ta ba shi ita, ka san shi. Wanda ya kama shago a bayan tasha, ya jera takardu masu hatimin zinariya a bango, ya sa ka riƙe wani ƙarfe da aka jona da kwamfuta, kafin ka gama gyara zama ya sanar da kai ƙodarka ta gaji, hantarka ta yi fushi, shi ma ka san shi. In ba ka je ba, surukinka ya je. To homiyofati babban wansu ne da ya yi boko, kuma tunda an sha yin shari'arsa a fili a kotunan duniya, da ita za mu auna na gida. Zauna. Gardama ka fito nema, ga ta ta same ka.

Ka ce ai shi ma maganin gargajiya ne, na Turawa kawai, yadda muke da sabara da marke da maɗaci? Subhanallahi! Me sabara ta yi maka da za ka zage ta da rana tsaka? Wanda ya jiƙa ɓawon maɗaci ya kurɓa, harshensa zai shaida akwai wani abu a cikin ƙwaryar. Ko ya yi magani, ko bai yi ba, ko ya wuce kima ya taɓa hanta, wannan wata gardamar ce daban; amma akwai abin da za a ɗora a sikeli. A Burkina Faso an ɗora. Farfesa Innocent Pierre Guissou da abokan aikinsa sun haɗa fasaƙwari da tumfafiya, suka fitar da FACA don masu amosanin jini, suka bi layin hukuma har aka ba shi izinin shiga farmasi. Ƙwayar zazzaɓin cizon sauron da majo ke miƙo maka a likita, asalinta wani tsiro ne na ƙasar Sin, dangin tazargade, kuma matar da ta tato sinadarinsa, Tu Youyou, ta karɓi kyautar Nobel a 2015. Itace ba abin raini ba ne. Shi homiyofati da itacen ya fara, sai ya yi ta wanke shi har ya ɓace.

Mai abin wani lokotoro ne Bajamushe, Samuel Hahnemann, an haife shi a 1755, ya mutu a Paris a 1843. A 1790 yana fassara littafin wani likitan Sikotlan mai suna William Cullen, sai ya ci karo da bayani a kan ɓawon itacen sinkona, wanda daga gare shi ake samun kinin. Bayanin bai kwanta masa ba. Ya ce bari ya sha da kansa, alhali lafiyarsa lau. Ya sha, jiki ya ɗauki rawa, zuciya ta yi ta dukan uku-uku, ya ji abin da ya yi masa kama da masassara. Daga nan ya yanke hukunci: duk abin da ke jawo wa mai lafiya alamun wani ciwo, shi ne zai warkar da mai wannan ciwon. Ya buga ra'ayin a 1796, ya tattara shi a littafinsa Organon a 1810. Albasa tana sa hawaye da yoyon hanci? To albasa maganin mura ce. Gahawa tana hana barci? Ita za a ba wanda barci ya ƙaurace wa. Ba ni na ƙaga ba, duka biyun suna cikin kundinsu har gobe.

Na ga idon mutumin Galmi ya buɗe. Ka ce ashe kasuwa ta zo, bana buhun albasa zai yi kuɗi? Mai da buhunka rudu, Alhaji. Albasa ɗaya ta ishi duniya har tashin ƙiyama, kuma sai an bar saura.

Ga yadda ake yi. A matse ruwan albasar, a ɗauki ɗigo ɗaya a zuba cikin ɗigo 99 na ruwa ko na alkol, a girgiza da ƙarfi. Daga wannan a ɗauki ɗigo ɗaya, a zuba cikin sabon 99, a girgiza. A sake. A kuma sake. In ka ga an rubuta 30 CH a jikin ɗan bututun maganin, an yi haka sau 30 ke nan, wato kashi ɗaya na albasa cikin lamba 1 mai jan sifiri 60 a bayanta. Masana sinadarai sun san adadin ƙananan ƙwayoyin da ke cikin kowane awo na abu, kuma lissafin ya nuna tun wajen zagaye na 12 da wuya ko ƙwaya ɗaya ta albasar ta rage a kwalbar. Sauran zagaye 18, ruwa ake sirka wa ruwa. Sannan a ɗiga wannan ruwan a kan 'yan dunƙule-dunƙulen sukari, a bari ya bushe. Ka ji, har ruwan ma ya kama gabansa. Kuma a ƙa'idarsu, gwargwadon yawan sirkawa gwargwadon ƙarfin magani. A Janairun 2010 ɗaruruwan mutane a Birtaniya suka taru a ƙofar shagunan magani na Boots, kowa ya juye kwalba guda cur a bakinsa a gaban kyamara don a ga abin da zai faru. Suka watse suka tafi cin abincin rana.

Ka ce ai ruwan yana tuna abin da ya taɓa shiga cikinsa, haka masanansu suka faɗa? Madalla da ruwa mai hadda! To ruwan madatsar Mozage fa, me da me ya haddace? Jakin da ya shiga jiya, da wankin shekaranjiya, da abin da yara suka yi wanda ba ya rubutuwa? Yaya aka yi ya riƙe albasa ya manta da jaki? Kada kuma ka ɗauka ba a gwada ba. A Yunin 1988 wani babban mai bincike Bafaranshe, Jacques Benveniste, ya buga a mujallar kimiyya ta Nature cewa ruwan da aka sirka har ba komai cikinsa yana nan yana aiki. Editan mujallar, John Maddox, ya buga da sharaɗin zai zo ya gani da idonsa. Ya kuwa zo, tare da Walter Stewart mai bankaɗo maguɗin bincike, da James Randi, ɗan rufa-ido, don shi ya san inda ido ke ruɗuwa. Suka ɓoye wace kwalba ce wace, suka rubuta sirrin a takarda, suka sa a ambulan, suka manna shi a silin ɗakin gwajin. Da masu awon suka daina sanin kwalbar da ke hannunsu, sai ruwan ya kamu da mantuwa.

Yanzu za ka jawo babbar sandarka. Ka ce Faransawa da kansu suna sha, kuma ai ba mahaukata ba ne? Suna sha kam. Kamfanin Boiron na yankin Liyon ya daɗe yana sayar da Oscillococcinum don mura mai zafin jiki. Hanta da zuciyar agwagwa ce aka sirka sau 200. A giram ɗaya na abin da ke shiga bakinka, 0.85 sukarin shayi ne, 0.15 sukarin madara. Haɗa ka gaya mini nawa ya rage wa agwagwar. Shi wannan da aljihunka kake saye, amma 'yan'uwansa da yawa asusun lafiyar Faransa ya yi shekaru yana mai da wa mutane wani kaso na kuɗinsu. A 2018 kaɗai abin ya ci Yuro miliyan 126.8, sama da miliyar 83 na sefa.

A watan Maris na 2018 ma'aikatan lafiya 124 suka sa hannu a wata wasiƙa a jaridar Le Figaro, suka ce abin ya isa haka. Ka san abin da ya biyo baya? Ƙungiyar likitocin homiyofati ta kai su ƙara gaban majalisar ladabtar da likitoci, wai sun ci mutuncin abokan sana'a. Ba a kan ko maganin yana aiki ba, a kan rashin ladabi. Wasu har gargaɗi aka yi musu. Amma ministar lafiya Agnès Buzyn ta miƙa tambayar ga HAS, babbar hukumar da ke tantance magunguna don biyan kuɗinsu. Hukumar ta duba magunguna kusan 1,200, a Yunin 2019 ta ce ba ta ga hujjar ci gaba da biya ba. Aka rage daga kashi 30 cikin ɗari zuwa 15 a Janairun 2020, aka mai da shi sifiri a Janairun 2021. Kamfanonin homiyofati sun garzaya babbar kotun harkokin mulki, ta sallame su hannu rabbana. An sirka musu kuɗin ke nan, kuma abin mamaki ba wanda ya ce ya ƙara ƙarfi. A Ingila ma hukumar lafiya ta ce a daina rubuta shi a 2017, ƙungiyar masu homiyofati ta kai ƙara babbar kotu, ta sha kaye a Yunin 2018. Ostireliya ta tace bincike 176 a kan ciwo 61 a 2015, ba ta sami ko ciwo ɗaya da za a dogara a ce yana warkarwa ba. In Turawan kake bi, to ka bi su har inda suka juya.

Ka ce kai ba ruwanka da Yuro, surukinka ya sha ya warke, kuma gani ya kori ji? Allah ya ƙara masa lafiya. Me ya same shi? Mura? Mura da kanta take tafiya bayan 'yan kwanaki, ko an roƙe ta ko ba a roƙe ta ba. Ciwon baya da na gaɓoɓi suna hawa suna sauka, kuma ba mai tashi neman magani sai ranar da abin ya kai maƙura. Duk abin da ka sha a ranar, shi zai ci ladan sauƙin da dama yana tafe. Wanda ya sha bai warke ba kuwa, ba ya zuwa majalisa ya ba da labari.

Amma bari in ba ka naka, kada ka ce na cinye gardamar ni kaɗai. A zamanin Hahnemann likitocin Turai jini suke zubar wa majinyaci kwano-kwano, su ɗura masa zaiba. Wanda aka ba sukari aka bar shi ya huta ya fi wanda aka yi wa wannan aika-aikar damar tashi. Kuma har yau mai homiyofati yakan zaunar da kai ya yi ta tambaya, barcinka, abincinka, abin da ke cin ranka, alhali majo, da layin mata har bakin ƙofa, ya rubuta ordanas kafin ka gama ina kwana. Mutum in an saurare shi yakan ji sanyi, wannan gaskiya ce, kuma ma'aikatan likitarmu su daure su ari wannan halin. Sai dai ƙwayar cutar da sauro ke zubawa ba ta jin hira. A 2006 shirin Newsnight na BBC ya nuna wata matashiya da aka tura da ɓoyayyar na'ura wuraren masu homiyofati goma, ta ce za ta yi tafiya ƙasashen Afirka masu sauro, me za ta sha don kariya? Duk goman suka nuna mata 'yan ƙwayoyinsu. A 2009 Hukumar Lafiya ta Duniya ta fito fili ta ce kada a dogara da homiyofati a kan tarin fuka, da sida, da zazzaɓin cizon sauro, da zawon jarirai. Duba jerin da kyau. Wanne ne baƙo a Malbaza?

To, ga inda nake jiranka tun ɗazu. Ka ce in ma bai yi magani ba ai ba ya cuta, sukari ne kawai da ruwa? Kai da ke Nijar ka faɗi haka?

A 1995 sanƙarau ya afka wa ƙasar nan, sama da mutum 41,000 suka kamu. Cikin gudunmawar da ta zo har da allurar rigakafi 88,000 daga Nijeriya, ɗauke da sunayen manyan kamfanoni, Pasteur Mérieux da SmithKline Beecham. Ma'aikatan ƙungiyar MSF suka lura kwalaben ba su yi musu daidai a ido ba. Da aka aika aka bincika, sai ga shi lambobin da ke jiki ba na kamfanin ba ne, kuma ba ko ɗigon sinadarin rigakafi a ciki. An musanya na gaske da jabu. Kafin a farga an riga an tsira wa mutum wajen 60,000. Ba guba aka zuba musu ba, Malam. Ba komai aka zuba musu, kuma ba-koman nan shi ya yi ɓarnar. Uwa ta koma gida hankali kwance, ai an yi wa ɗanta lamba. Ranar da ya tashi da zazzaɓi wuya ya ƙage, sanƙarau ne abu na ƙarshe da zai zo mata a rai. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ɗora wa wannan jabun mutuwar mutum 2,500. An kuma sake kama jabun allurar sanƙarau a Nijar a 2015 da 2017 da 2019. Wannan ba homiyofati ba ne, zamba ce tsagwaronta, amma ka ga abin da kwalbar da ba komai cikinta take iyawa.

Kuɗin da mai sukari ya karɓa ba shi ne babbar asara ba. Kwanakin da ya ci maka su ne. Yaro mai zazzaɓin cizon sauro, tsakaninsa da jijjiga da suma da ƙarewar jini wani lokaci kwana ɗaya ne ko biyu, gwajin kuwa ɗigon jini ne daga yatsa da jiran kwata ɗaya na awa. A Italiya a 2017 wani yaro mai shekara 7 ya yi ciwon kunne, irin wanda kowane majo ya san maganinsa. Aka yi wajen mako biyu ana ba shi ƙwayoyin homiyofati, ba antibiyotik, har ruɓar ta kai ƙwaƙwalwa, ya mutu a asibitin Ancona. Sukarin bai yi masa komai ba. Daidai abin da nake gaya maka ke nan.

Wani lokacin ma ba sukarin ne kaɗai ba. A farkon 2017 hukumar magunguna ta Amurka, FDA, ta auna ƙwayoyin fitar haƙoran jarirai na Hyland's, waɗanda ake yi da beladona, wata guba dangin zaƙami. Ta tarar adadin gubar ya bambanta daga ƙwaya zuwa ƙwaya, a wasu ya zarce abin da aka rubuta nesa ba kusa ba. A Afrilu aka janye su daga kasuwa. In an sirka daidai ba komai, in hannu ya kuskure guba. Zaɓi wanda ka fi so wa jaririnka.

Na ji kana gunaguni. Ka ce to takarda ce ke warkarwa, da an buga masa hatimi sai albasar ta dawo cikin kwalba? A'a. Sukari mai rajista sukari ne. Indiya ta yi wa homiyofati doka da majalisa tun 1973, tana da kwalejojinsa, a 2014 ta kafa ma'aikata sukutum da yake cikinta, ɗigon bai ƙara nauyi ba. Aikin takarda daban ne: tana shata wa mutum iyaka, tana nuna ƙofar da za a buga in abu ya lalace. A can Indiyar, wani mai homiyofati a Bombay ya ɗauki alƙalami ya rubuta wa mai zazzaɓi magungunan asibiti waɗanda bai karanta ba. Mutumin ya mutu, matarsa ta kai ƙara. A 1996 Kotun Ƙoli ta ce tsallake iyakar abin da aka yi maka rajista a kansa sakaci ne kai tsaye, ba sai an nemo wata hujja ba, ta sa ya biya Rupi 300,000. Lokotoron da ya ba yaron Italiyan nan ƙwayoyin ma sunansa na cikin kundin likitoci. A 2022 kotu ta yanke masa shekara 3, ta kuma hana shi sana'ar na wasu shekaru. Akwai abin ƙwacewa, aka ƙwace.

Yanzu dubi ɗaya gefen. A birnin Perth na Ostireliya an gano wa wata mata sankarar hanji a 2003. Ta bi wata mai homiyofati, ta yi watanni tana ƙin fiɗa, ta mutu a 2005. A 2010 alƙalin binciken mutuwa, Alastair Hope, ya ce da an yi mata aiki a kan lokaci tana da kyakkyawar damar rayuwa, ya kuma soki mai maganin da kakkausar murya. Lasisin da za a ƙwace fa? Babu, domin sana'ar ba ta cikin waɗanda dokar ƙasar ke yi wa rajista. Dokar kare masu saye ce ta taɓa cafke wasu: kotun tarayya ta ci kamfanin Homeopathy Plus tarar dalar Ostireliya 115,000 a 2015, saboda ya ce allurar tarin shiƙa ba abin dogaro ba ce, ƙwayoyinsa za su iya tsaya mata.

Mu dawo gida. Ka ce nan ba doka, kowa tashi ta fisshe shi? Akwai ta. Dokar harkar magunguna mai lamba 97-002 ta ranar 10 ga Janairun 1997 ta tsara wa zai sayar da magani, da izinin da magani ke bukata kafin ya shiga kasuwa, har masu maganin gargajiya an ware musu nasu sashe. Akwai ɗakin gwaji na ƙasa, LANSPEX, a Yamai. A 2022 an kafa hukumar sa ido kan magunguna, ANRP. A Janairun 2020 Nijar na cikin ƙasashen da suka sa hannu a Lome cewa za su tsananta hukuncin masu jabun magani. Duk suna nan a rubuce. Ranar kasuwa kuma ƙwayoyi na nan a tire suna gasuwa a rana, ja da rawaya, ana sayar da su da launi ba da suna ba. Kada ka ce mini ba ya yiwuwa a taɓa manya: Benin ta share kasuwar magani ta Adjégounlè a Kwatano a 2017, a Maris na 2018 kotu ta yanke wa shugabannin manyan dillalan magani bakwai shekara huɗu-huɗu a gidan kaso.

Matsalarmu ta musamman ita ce Allah ya ba mu Illela biyu. Ga ta Adar inda Sarkin Adar yake, ga kuma ta jihar Sakkwato wadda kabu-kabu ɗaya ke kai mutum daga Ƙonni. Mai farar riga marar takarda, in an matsa masa a nan, can zai yi sallar magariba. In an matsa masa can, mu za mu ga baƙo. Ka ce ai kwalbarsa tana da lambar NAFDAC, ka gani da idonka? Ka gani, ka karanta? Lambar da hukumar ke ba haɗin itatuwa a matakin farko, mai harafin L a ƙarshe, cewa take an duba bai nuna cutarwa ba, ba cewa take yana warkarwa ba. Dole ma a rubuta a jiki cewa hukumar ba ta tantance iƙirarin mai shi ba. Da Turanci ake rubutawa, da ƙananan baƙaƙe; lasifikar da ke kan mota kuwa da Hausa take magana. Ko lambar ta gaske ce, ta kwalba ce ba ta mutum ba, kuma ta Nijeriya ce ba ta Nijar ba. Shi mutumin, in mai homiyofati ne, dokar Nijeriya tun 1992 ta ɗora wa majalisar likitoci ta ƙasa, MDCN, alhakin yi masa rajista. Kwalejin da gwamnatin tarayya da kanta ta buɗe a Abuja don irin waɗannan fannoni, FEDCAM, hukumar jami'o'i ta rufe ta a 2010 saboda digirin da ba a amince da shi ba. In ta gwamnati ta sha haka, ina ga takardar bangon shagon bayan tasha?

Hajiya ta sa baki. Ki ce likita da nisa, in an je a yini a layi, a ƙarshe a miƙo ordanas a ce je farmasi? Gaskiyarki, ba zan musa ba. Tun 2006 aka ce yara 'yan ƙasa da shekara biyar kyauta za a duba su, amma gwamnati ta sha jinkirta mai da wa likitoci kuɗin, kantar magani ta yi ta zama fayau, kyautar ta koma rabin kyauta. Wannan gurbin ne mai farar riga ya shigo ya zauna, kuma wanda ya bar gurbin yana da nasa alhakin. Sai dai lissafa da ni, Hajiya. An ba mai kwamfuta jaka biyar, an ƙara kwana uku, sannan a ɗauki yaron a sume zuwa asibitin Galmi, wanda ke nan tun 1950, a shiga neman jini da kuɗin mota da kuɗin gado. Mai kuɗi ne ke da halin biya sau biyu. Ke ba ki da shi.

Sai kuma ta ƙarshe, wadda ta fi duka ƙarfi. Ka ce rai na Allah ne, wanda kwanansa ya ƙare ya ƙare, kuma duk wannan takarda-takarda bidi'ar Nasara ce? Rai na Allah ne, ba mai ja. Bidi'ar Nasara kuwa, sannu da karatu. A Bagadaza a shekarar 931 wani majinyaci ya mutu a hannun mai magani, Halifa Muƙtadir ya ba da umarni kada kowa ya sake taɓa marar lafiya sai babban likitansa Sinan ɗan Sabit ya jarraba shi ya ba shi izini. Wajen mutum 860 aka jarraba. Lokacin ko kakan kakan Hahnemann ba a haifa ba. Tambayi malamin unguwarku hukuncin wanda ya yi wa mutane magani ba a san shi da ilimin ba: akwai hadisi a kai a wajen Abu Dawud, kuma malaman fiƙihu sun ce lamunin abin da ya ɓata yana wuyansa. Mu ne muka mai da haƙuri rigar mai laifi. Shari'ar Bombay ba daga sama ta faɗo ba, wata bazawara ce ta ƙi cewa ta bar wa Allah ta yi shiru. A nan sai a yi zaman makoki kwana uku, mai maganin ma ya zo gaisuwa, a ba shi tabarma.

Ka ce kunya ba za ta bar ka ka tambayi mutum takardarsa a cikin shagonsa ba? Kai da ke buɗe bakin rago a kasuwar Badagishiri ka ƙirga haƙoransa kafin ka taya? Tambaye shi, Malam: wace hukuma ta ba ka izini, ina lambar, me ke cikin kwalbar nan kuma nawa? Mai takardar gaske zai miƙo ta ba fushi. Wanda ya hau faɗa, ko ya ce sirrin kakanni ne, ko ya ce likitoci ne ke yi masa hassada, ka kai sunan shagonsa wurin babban lokotoron gunduma. In kuma jikin yaro ya yi zafi daren nan, kai shi a gwada jininsa tukuna. Gardamar tamu tana nan, ka dawo mu ƙarasa.